Daushe: Goron da Ya Sha Lokaci

Mu ɗauka, ya mai karatu, akwai wani tsiro a duniya wanda abincinsa lokaci ne. In an ajiye shi a lungun ɗaki sai ya riƙa tsotse duk abin da ya gudana a gabansa: hirar da aka yi, da dariyar da aka ƙyalƙyala, da kukan da aka sha, har da ƙamshin miyar da aka ci a ranar. Bayan shekaru, in jika ya zo ya ɓantari ganyensa ya tauna, sai zamanin kakansa ya dawo masa sabo fil, kamar yau aka yi shi. Kowa ya san babu irin wannan tsiro, ko a dajin Falgore ko a Kurmi. To amma in aka tambaye ni abin da ya fi kama da shi cikin abubuwan da na sani, ba zan yi dogon tunani ba, zan ce daushe.

Na san cikin 'yan'uwana ɗalibai akwai waɗanda ba su taɓa jin wannan kalma ba, ko kuma sun ji ta a bakin tsofaffi ba su nemi ma'anarta ba. Daushe shi ne goron bara, wato wanda aka adana har ya kwana biyu, sabon goro ya fito ya tarar da shi. Ɗanyen goro yana da ruwa da bauri, yana kama harshe. Daushe kuwa ya tsane, ya yi ƙwari, in an ɓantara sai a ji ƙaras, ɗacinsa ya kwanta, garɗinsa ya fito. Shi ya sa ya fi tsada, shi ya sa kuma in ana son girmama dattijo da shi ake zuwa. Ba a zuba masa komai ba, watanni ne kawai suka shige shi. Hausawa na cewa da tsohuwar zuma ake magani, to haka abin yake ga goro.

Ni a Agege aka haife ni, a cikin Zango, inda ƙarar jirgin ƙasa take tayar da mu daga barci. Kakana na wajen uba ɗan goro ne, a kan sana'ar ya rayu, a kanta ya rasu. Mahaifina kuwa bai gaje shi ba, ya koma kasuwar Mile 12 yana dillancin kayan gwari. Saboda haka na tashi tsakanin kaya iri biyu: wanda ake tattalinsa shekara guda, da wanda in ya kwana uku ya zama asara. Abin da na gani a tsakaninsu shi nake so in ba ku labari, domin ina ganin ya shafe mu, mu masu nazarin harshe.

A gidanmu akwai wani ɗaki mai duhu da sanyi wanda ba a barin yara su shiga sai da izini. A nan ake jibge huhunan goro. Huhu shi ne ƙunshin goron da aka shimfiɗa wa ganyen fita, aka lulluɓe, aka ɗaure tamau. Duk bayan 'yan kwanaki kakana, wanda muke kira Baba Tsoho, yakan sa a fito da huhu, a kwance, a zazzage goron a kan tabarma. Sai ya zauna ya miƙe ƙafa yana bi ɗai-ɗai, yana juyawa a tafin hannu, yana dubawa a haske. Wanda ya ga ɗan ɗigon baƙi a jikinsa sai ya jefa gefe. Ganyen da ya bushe a zubar, a kawo ɗanye, a sake ɗaurewa. Aikin yakan ci rabin yini, kuma ba a yi an gama ba ke nan, za a sake.

Wata rana na gaji da miƙa masa ganye, na ce, "Baba Tsoho, tun da an ɗaure shi da kyau, me zai hana a bar shi har ranar da za a sayar?"

Sai ya dube ni ta saman tabarau ya ce, "Kai ja'iri, huhun da ba a buɗewa na sankara ne. Goro yana da rai, numfashi yake yi. In ka manta da shi, shi ma sai ya manta da kai."

Sankara ita ce ɓarnar da ƙwaro yake yi wa goro, ya huda shi ya ci cikinsa, waje kuwa lafiya lau. Daga nan aka sami kirarin nan na "sankara ɓata goro" da ake yi wa mai ɓata al'amari. Maganar tsohon gaskiya ce ko a wajen masana tsirrai, domin goro iri ne, in an binne shi a ƙasa mai laima zai tsira. In ya bushe ƙwarai ya yamushe ya zama itace, in laima ta yi masa yawa ya yi fumfuna. Tsakanin bushewa da ruɓewa akwai 'yar siririyar hanya, kuma hannun mutum ne yake riƙe goro a kanta. Da na girma na fahimci cewa daushe ba ya yin kansa. Lokaci yana shiga kowane goro, amma wanda aka riƙa dubawa shi kaɗai yake zama daushe.

A wajen wannan zaman tsintar ne nake jin labaran da ba a koya mana a makaranta ba. Tsohon ba ya zama haka kawai ya ce zai ba da tarihi. Sai ya ɗauki goro ya ce wannan ɗan Shagamu ne, daga nan sai labarin Sabon Shagamu ya biyo baya, da maigidan da ya fara saukar da shi, da yadda ake ba da kaya na maƙudan kuɗi bashi ba tare da takarda ba. In ya ɗauki wani ya ce wannan ya yi kama da na Gwanja, sai ya koma kan abin da ya ji daga nasa kakan. Goron shi ne mabuɗin, labarin yana ƙunshe a ciki.

Da na zo jami'a na tarar abin da yake faɗa yana nan a rubuce. Kundin tarihin Kano ya danganta yaɗuwar goro a ƙasar Hausa da zamanin Sarauniya Amina ta Zazzau, ya kuma ce a zamanin Sarki Abdullahi Burja, cikin ƙarni na 15, aka buɗe hanya zuwa Gwanja. Gwanja ƙasa ce a arewacin Gana ta yau, babbar kasuwarta ita ce Salaga. Ba a can goron yake tsira ba, a kurmin Asante yake, Salaga mahaɗa ce. Fatake sukan tashi daga Kano ko Sakkwato da jakuna, ɗauke da kanwa da tufafi da ƙiraga, su ƙetare Kwara, su ratsa ƙasar Bargu, su bi ta Nikki da Jugu da Yandi har Salaga. Tafiya ce ta watanni, zuwa da dawowa wani lokaci har kusan shekara. Ayari yana da madugu, da jagaba mai nuna hanya, da uban dawaki, da malamin ayari. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari su ne suka fi shahara a wannan fatauci. A kan hanyar dawowa, a zango bayan zango, akan kwance kaya a duba, a yayyafa ruwa, a fitar da ɓatacce, kamar yadda na ga ana yi a ɗakinmu na Agege. Wato abin da hannun kakana yake yi ya girme shi da ɗaruruwan shekaru.

To yaya aka yi goro ya baro Gwanja ya dawo Agege? A 1874 Turawan Ingila suka ci Kumasi da yaƙi, ikon Asante a kan hanyoyin arewa ya raunana. A 1892 kuma yaƙin basasa ya tarwatsa Salaga, 'yan kasuwa suka watse. Cikin waɗanda suka bar garin har da Imam Umaru, malamin nan haifaffen Kano, wanda ya koma Kete-Krachi, ya bar rubuce-rubuce da Hausa da Larabci kafin ya rasu a 1934. Daga nan goro ya fara bin teku, a ɗauko shi a jirgin ruwa daga gaɓar Gana a sauke a Ikko. Alhassan Ɗantata, wanda ya rasu a 1955, yana cikin waɗanda suka yi wannan fatauci kafin ya shahara a cinikin gyaɗa. Hanyar jirgin ƙasa da aka fara daga Ikko a 1896 ta isa Ibadan a 1901, ta kai Kano a 1911, sai tafiyar watanni ta koma ta kwanaki. A farkon ƙarni na 20 manoman ƙasar Yarbawa, a Agege da Ota da Ifo da Shagamu, suka duƙufa shuka irin goron nan mai ɓari biyu da Hausawa suke so, wanda masana suke kira Cola nitida. Ga gona, ga tasha, sai Hausawa masu saye suka kafa zango a Agege, suka yi gidaje da masallatai, har aka sami Sarkin Hausawa. Zangon da aka haife ni a ciki ɗan goro ne da jirgin ƙasa.

Abin da zai fi ba ɗalibin harshe sha'awa shi ne yadda kalmomi suka riƙe wannan tarihi. Yarbawa suna da nasu goron na gargajiya mai ɓari uku zuwa sama, wanda suke kira obi abata, mu kuma muke ce masa hannun ruwa saboda yauƙinsa. Amma wannan da ya zo musu daga baya, gbanja suke ce masa. Manomi a Ifo da bai taɓa jin sunan Salaga ba, kullum yana ambaton Gwanja a bakinsa. Haka kalmar zango, wadda asalinta masaukin fatake ne, ta zama sunan unguwannin Hausawa daga Agege har Kumasi da Akara. Jagaba ma, wanda yau kowa a Ikko yake ji a bakin 'yan siyasa saboda sarautar Jagaban Bargu da aka ba Bola Tinubu, kalma ce da fataken goro suka daɗe da sani, kuma Bargun nan ita ce ƙasar da ayarinsu yake ratsawa. Har sunan Coca-Cola, wanda aka fara haɗawa a birnin Atlanta na Amurka a 1886, rabinsa daga sunan goro yake.

A cikin Hausarmu ta yau da kullum kuwa, goro ya yi sassa. Muna cewa goron sallah, da goron gayyata, da goron Juma'a, ko da kuɗi aka bayar ko kati aka aika. In aka ce maka "Albishirinka," sai ka ce "Goro," a ce "Fari ko ja?" ka ce "Fari ƙal." Muna da launi mai suna ruwan goro, domin in an ɓantari goro aka bar shi ya sha iska haka fuskarsa take rina. Ba a ɗaura aure ko raɗa suna ba tare da an raba shi ba. Waɗannan kam suna nan da ransu. Waɗanda nake jin tsoro a kansu su ne na cikin sana'a. Ɗan goro ba ya cewa babba da ƙarami kawai. Yana da goriya, wato ƙasaitaccen goro, da marsa, manya zaɓaɓɓu, da saran waga, matsakaita, da minu, ƙanana. Waga kuwa jakar da ake labta wa jaki ce, ka ga ke nan sunan ya riƙe zamanin jakuna har cikin zamanin tirela. Yana da labuje, goron Labozhi na ƙasar Nufe, wanda ake ji da shi a fada. Yana ƙirga da ƙwarya, goro 100 ke nan. Na gwada waɗannan kalmomi a kan abokan karatuna a ɗakin kwana. Gwanja, suka ce mawaƙi ne. Marsa da minu kuwa, aka yi shiru ana kallona.

Yanzu bari mu leƙa Mile 12, inda nake taya mahaifina aiki lokacin hutu. Sunan kasuwar ma ajiya ce, domin yana tuna zamanin da ake auna hanya da mil, alhali ƙasar ta koma kilomita tun shekarun 1970. Amma rayuwar cikinta ba ta san jiya ba. Tun kafin asuba motoci suke shigowa da tumatir na Kadawa da Ɗanja, da albasar Aliero da Sakkwato, da tattasai da attarugu, bayan tafiyar kusan kilomita 1,000. 'Yan dako suna gudu da kwanduna a ka, mata 'yan sari suna taya kaya da Yarbanci, dillalai suna amsawa da Hausa da Turancin buroka. Kwandon da aka saya da tsada da safe, da la'asar an karya shi. Mahaifina yakan ce tumatir ba ya jiran mai shi ya yi shawara. Ba na raina wannan sana'a, da ita aka biya mini kuɗin makaranta, kuma da kayan Arewa suka daina sauka na 'yan kwanaki a farkon 2021, Ikko duka ta ji a tukunyarta. Sai dai sana'a ce da ba ta da zaman tabarma. Ba wanda yake da rabin yini da zai zauna da jika yana juya kaya a tafin hannu yana ba da labari. Yaran da suke sauka daga mota kullum don neman abinci, da yawansu ba su san cewa kakanninsu sun riga su zuwa garin da fiye da shekara 100 ba.

Wannan rashin sani yana da farashi. A watan Maris na 2016 rikici ya ɓarke a Mile 12 da unguwar Agiliti, aka rasa rayuka, aka ƙona dukiya, gwamnatin jiha ta rufe kasuwar na ɗan lokaci, aka kuma yi ta maganar mayar da ita Imota. A kwanakin nan na ji wani fasinja a cikin bas yana cewa baƙin da suka zo jiya su ne suke neman fin masu gida. Na yi shiru, domin wurin ba na gardama ba ne. Amma na tuna kabarin kakana yana Agege. Na kuma tuna matan Yarbawan da suke kawo masa goro daga ƙauye, waɗanda yake ba kuɗi tun kafin kaya su nuna, shekara da shekaru ba a taɓa jin kansu ba. Mutumin da ya san wannan tarihi, Bahaushe ne ko Bayarabe, zai yi wuya a zuga shi a kan maƙwabcinsa. Wanda bai sani ba kuwa, duk abin da aka faɗa masa shi ne gaskiya. Mu kanmu 'ya'yan Zango muna tsaka mai wuya: a Ikko a ce mana 'yan Arewa, in mun zo Arewa karatu a yi dariyar Hausarmu a ce mana 'yan Ikko. Abin da zai tsayar da mu da ƙafafunmu shi ne mu san yadda aka yi muka kasance a can.

Agegen ma tana sauyawa. An buɗe gadar sama ta Pen Cinema a 2021, a shekarar kuma sabon jirgin Ikko zuwa Ibadan ya fara aiki, sannan a 2024 jirgin cikin gari na Red Line ya biyo ta nan. Rumfuna da yawa na bakin layin dogo sun tafi. Gonakin goron da suka kewaye garin sun zama gidaje tun tuni, sai an nausa cikin jihohin Ogun da Ondo da Osun ake samun kaya. Leda tana maye gurbin ganyen fita a hannun wasu, wasu kuma suna zuba maganin ƙwari don su huta da wahalar tsinta. Samari sun fi son lemon kwalba mai sa kuzari a kan goro, ko da yake sinadarin da yake hana barci a cikinsu ɗaya ne. Har yanzu tireloli suna loda huhuna zuwa kasuwar Mariri ta Kano, sana'ar ba ta mutu ba. Amma dattawan da suka san sunan kowane goro da labarin da yake bayansa suna ƙarewa ɗai-ɗai.

An yi rubutu a kan wannan fanni, ba a ce ba a yi ba. Abner Cohen ya fitar da littafi a 1969 a kan Hausawan Sabo ta Ibadan da cinikinsu na goro da shanu. Paul Lovejoy ya fitar da nasa a 1980 a kan fataucin goro daga 1700 zuwa 1900. Aiki ne mai kyau, amma da Ingilishi yake, kuma tarihi da tattalin arziki suka sa gaba. Muryar ɗan goro kanta, da karin maganarsa, da zaurancen da dillalai suke yi a gaban mai saye, da kirarin da ake yi wa goriya, da Hausar Zango wadda ta cuɗanya da Yarbanci, wannan aikinmu ne mu ɗaliban Hausa. Kowace shekara muna rubuta kundin digiri a kan mawaƙan da an riga an yi musu kundi goma, alhali ga fage nan a buɗe ba mai kowa.

Shawarata ga 'yan'uwana ita ce, duk wanda hutu ya kai shi Agege ko Mile 12 ko Idi-Araba ko Shagamu, ko ma Mariri, ya sayi daushe na 'yan kuɗi kaɗan, ya nemi dattijo ɗan goro, ya durƙusa ya gaishe shi, ya miƙa masa. Kada ya ce ya zo neman tarihi, domin tsoho zai ce ba shi da ilimi. Ya tambaye shi kawai wannan goron ɗan ina ne, sannan ya nemi izini ya kunna rikodar wayarsa. Abin da ya samo ya rubuta shi da Hausa, ya kawo wa wannan mujalla ko ya kai sashe. Kuma kada mu ɗauka in an rubuta an gama. Kundin da aka jibge a kanta ba mai buɗewa, huhu ne da aka bar wa sankara. A riƙa karantawa, a riƙa gyarawa, a mayar wa mutanen Zango su ji abin da aka rubuta a kansu, a sa kalmomin a baki har ƙannenmu su san bambancin marsa da minu.